Rabon Ƙanzo a Kwalayen Bitamin

Ga ta nan, ga ta nanku, ta wata tsohuwa ce da karenta.

Ta zo mu ji ta, mun gyara zama.

To, a ƙauyenmu na Solmaru, can kudancin Koriya inda gonakin tafarnuwa suke hawa dutse mataki-mataki suna kallon teku, akwai wata tsohuwa mai suna Bang Ok-bun. Sai dai in ka shigo kana cigiyar Bang Ok-bun za ka daɗe a tsaye, don tun ranar da aka kawo ta amarya daga garin Gurye, shekara hamsin da biyar ke nan, 'Yar Gurye kowa yake ce mata. Maigidanta ya rasu, 'ya'yanta uku duk birni ya ɗauke su, gida ya rage daga ita sai karenta Nurungji, wanda aka sa wa sunan saboda gashinsa launin ƙanzon tukunyar shinkafa ne sak. Mu ce da shi Ƙanzo kawai, ya fi sauƙi a baki.

'Yar Gurye tana da wani hali, ba ta iya cin abu ita kaɗai. In ta gasa dankali sai ta ɓare shi biyu, rabi nata rabi na Ƙanzo. In ta dafa ƙwai, haka. Da maigidanta take yi wa wannan rabon, da ya tafi hannunta bai daina ba, sai dai mai karɓa ya canza. Shi kuwa Ƙanzo bai taɓa cewa ya ƙoshi ba.

Shekarar da ya cika sha biyu, ƙafafunsa na baya suka fara tsami. Gonarta mataki arba'in da bakwai ce daga bakin hanya. Da, kafin ta ɗaure igiyar malafarta ya kai sama yana jiranta. Yanzu sai ya hau goma, ya zauna, ya bi ta da ido har ta ɓace. Wannan kallon kuwa ya fi ciwon bayanta damun ta.

Ana haka ranar iyaye ta zo, takwas ga watan Mayu. Kun san yadda garinmu yake a ranar. Motar saƙo ta yi ta zirga-zirga tun safe, kowace tsohuwa da jan fure maƙale a ƙirji, kowa kuma da kwalin bitamin a hammata zuwa zauren tsofaffi, don kwalin da ba a gani ba kamar ba a aiko shi ba ne. 'Yar Gurye ta sami uku. Babban ɗanta Dong-pil ya aiko mai ruwan gwal daga birnin Busan. Autanta Dong-u ya aiko wata farar kwalba mai rubutun ƙasar waje. Hye-suk, mace ɗaya tilo, ta aiko kwali shuɗi, har da gyaran kwalbar man kifi a gefe.

Ƙawarta 'Yar Hadong, wadda bakinta bai san hutu ba, ta ɗaga kwalin gwal ɗin ta jijjiga.

"Yaya, wannan ai duk kwali ne, ƙwayar ba ta kai cikin cokali ba."

"Naki fa? Wanda surukarki ta aiko, na ga ranar ƙarewarsa ta kusa."

"Ni ma tawa ta kusa, sai mu tafi tare."

Aka yi dariya, aka raba karta, aka sha shayin sha'ir.

Da 'Yar Gurye ta koma gida sai ta jera kwalayen a gabanta. Rubutun jikinsu ƙanana ne kamar ƙwan tururuwa, tabaraunta ba ya kama su, amma kowanne akwai hoton ƙashi ko gwiwa a jiki. Ta dubi hoton, ta dubi Ƙanzo yana fama ya miƙe daga kan tabarmarsa.

Ta ce, "Ashe maganinka ne ya zo."

Ita kuwa mace ce da ba ta taɓa fifita ɗa a kan ɗa ba. Tun suna yara da zare take yanka musu tuffa don kada wani ya ce nasa ya fi ƙanƙanta. Yaya za ta buɗe kwalin Dong-pil ta bar na Dong-u a rufe? Sai ta buɗe duka ukun. Kullum safe da yamma ta ciri ɗaya daga kowanne ta haɗiye, ta ciri wasu ukun ta cusa a cikin dankali ta miƙa wa Ƙanzo. Man kifin ne kaɗai ta ture gefe, wai yana ƙarni. Ba ta gaya wa kowa ba. Ai ba ka ba kare kyautar da ɗanka ya naɗo da kyakkyawar takarda, ka kuma fito kana faɗa.

Mako uku ana haka, har aka fara cirar tafarnuwa. Sai Ƙanzo ya koma shan ruwa kamar saniya. Ta cika kwano ya shanye, ta ƙara ya shanye, duk tsakar gida ya jiƙe da fitsari. Rana ta biyu ya yi amai. Ta ce zafi ne, ta jiƙa busasshen kifi ta wanke gishirin, ta dafa masa romo da ƙwai, irin wanda kowa a nan ya san yana tayar da kare ko da ya kwanta. Ƙanzo ya sunsuna, ya kau da kai.

Nan ta san ba zafi ba ne. Ta bar tafarnuwarta a baje, ta tafi gidan dagacinmu, wanda ake kira Dagaci Ma.

Dagaci Ma shekararsa saba'in da ɗaya, shi ne ɗan autan tsofaffin gari, saboda haka shi ake aika ko'ina. Yana da ƙaramar akori-kura, yana kuma da lasifikar gari, wadda ya fi ƙauna a kan motar. In kaza ta ɓata sai gari ya ji. In jikar wani ta ci jarrabawa, sai ya maimaita sau uku.

Ya ce, "Goggo, lafiya kika zo ba malafa?"

"Tashi ka kai mu asibitin dabbobi. Ƙanzo ya ƙi romon kifi."

Bai ƙara tambaya ba, ya ɗauki mukulli. Suka shimfiɗa bargo a gaban mota, ta rungume kan karen a cinyarta har cikin gari.

Likita Yeom mace ce gajera mai saurin hannu, rabin aikinta shanu ne, kullum da takalmin roba a ƙafarta. Ta duba bakin Ƙanzo, ta matsa cikinsa, ta ɗebi jini. Da sakamako ya fito sai ta zo ta zauna a gaban tsohuwar.

"Inna, ya ci gubar ɓera?"

"Ba na sa guba a gidana."

"Akwai wani abu da kike ba shi banda abinci?"

'Yar Gurye ta saci kallon Dagaci Ma. Yana tsaye a bakin ƙofa ya baza kunnuwa. Ta san in ta buɗe baki, kafin la'asar lasifika ta kai maganar har bakin teku, kafin ƙarshen mako kuma ta isa Busan, surukarta matar Dong-pil ta ji cewa kwalin gwal a cikin kare ya ƙare. Ta ce, "Dankali dai."

Likita ba ta ɗaga murya ba. Ta ce, "Inna, sinadarin ƙashi ya yi yawa a jininsa, shi ne yake wahalar da ƙodarsa. Abubuwa da yawa suna kawo haka, kowanne da maganinsa. In ban san abin da ya sha ba, zan yi kwanaki ina lalube, ƙodar kuwa ba za ta jira ni ba."

Ƙanzo yana kwance a kan tebur, ya ɗan kaɗa bindi sau ɗaya da ya ji muryar uwar ɗakinsa. 'Yar Gurye ta sa hannu a aljihun rigar gonarta, ta fito da ƙwayoyin yamma da ta ƙulla a leda, da murafen kwalayen da ta yago tun a gida, don a zuciyarta ta riga ta zargi kanta. Ta ajiye a kan tebur.

"Na 'ya'yana ne. Na ranar iyaye. Ɗaya daga kowanne, safe da yamma, don kada wani ya ji haushi."

Likita ta karanta na farko, ta karanta na biyu, ta juya na uku. Sai ta yi ajiyar zuciya irin ta wanda ya ga hanya.

"'Ya'yanki ba su yi shawara da juna ba, Inna. Kwali uku ne, amma abu ɗaya ne a ciki, bitamin D, kuma mai ƙarfi. Ƙwaya ɗaya an auna ta ne don babban mutum. Ƙanzo kilo sha bakwai ne, yana shan shida a rana. Shi kuma wannan bitamin ba ya fita da fitsari, taruwa yake a jiki."

"Ni na kashe shi ke nan?"

"Wa ya ce ya mutu? Kin kawo shi da wuri, kin kuma faɗi gaskiya. Zan sa masa ƙarin ruwa, in ba shi magani, ya kwana uku a nan. Ranar Alhamis ina da shanu a wajenku. In jinin ya sauka zan taho da shi. In bai sauka ba, zan zo ni kaɗai mu zauna mu yi magana. Ke ma daga yau ki tsayar da shan ukun nan, ki je ɗakin shan magani a duba ki."

Duk wannan Dagaci Ma yana bakin ƙofa yana ji. Sai da suka juya za su fita ya yi gyaran murya.

"Likita, a ce wani mutum yana ba karensa ƙwayar baƙar tafarnuwa, irin ta ƙarin kuzari."

"Wane mutum?"

"Wani dai. Ba ki san shi ba."

"To ka gaya wa wanda ban sani ba ya daina yau. Tafarnuwa tana lalata jinin kare. Ya kawo shi in duba."

Suka shiga mota suka kama hanyar gida. Can 'Yar Gurye ta ce, "Kai ma?"

"Surukina ne ya aiko, kwali biyu. Mutumin da ya yi shekara hamsin yana noman tafarnuwa, a aiko masa tafarnuwa a kwalba, Goggo, ya zan yi da ita?"

Ba ta so yin dariya ba, amma ta kubce mata.

Da yamma tana tsakar gida tana ɗaure tafarnuwa sai lasifika ta yi ƙara. Ta saki igiyar, ta jira a kira sunanta.

"A, a, ana ji na? Jama'ar Solmaru, dagacinku ne. Duk wanda yake ɗibar bitamin ɗin da 'ya'yansa suka aiko yana ba karensa, ya daina daga yanzu. Na san kuna yi, don ni ma ina yi. Ranar Alhamis da hantsi kowa ya zo zaure da karensa da kwalayensa, likita za ta duba. Kada wani ya ɓoye kwali. Na maimaita, ni ma ina yi."

Ya maimaita sau uku kamar yadda ya saba, bai ambaci sunan kowa ba sai nasa.

Kwana ukun nan sun yi wa 'Yar Gurye tsawo. Ta gasa dankali ta ɓare biyu, ta tsaya da rabi a hannu ba mai karɓa. 'Yar Hadong ta shigo taya ta yankan jijiyar tafarnuwa, ta karɓe rabin ta cinye.

"Kawo nan, ni ma ina iya kaɗa bindi in ta kama."

"Ke kin san ni ce ko?"

"Yaya, gari duka ya sani. Wa ya ga motar dagaci da kare a kujerar gaba? Amma wa zai yi miki dariya? Ni tawa 'yar karyar tun bara take shan na ido, wai ko ta daina karo da ƙofa."

"Ta daina?"

"Ina. Ƙofar ce ta gaji na cire ta."

Ranar Alhamis tun kafin hantsi zaure ya cika. Ban taɓa ganin irinsa ba. Kare goma sha ɗaya aka ɗaure a gindin bishiyar bakin zaure, suna haushin juna. Kwalaye kuwa aka zo da su a ƙunshin zane, wasu a amalanke, aka tara a tsakar ɗaki kamar kayan lefe. Har da na shekara biyar baya da ba a cire musu leda ba. 'Yar Gurye ce kaɗai ta zo da kwali ba kare. Ba ta shiga ciki ba, ta zauna a dakali tana kallon kwanar da mota take ɓullowa.

Motar likita ta ɓullo ana gab da azahar. Daga nesa mutum ɗaya ake gani a ciki. 'Yar Gurye ta miƙe, ta riƙe ginshiƙi. Likita Yeom ta fito da takalmin robarta, fuska a ɗaure, riƙe da wata yagaggiyar leda.

"Inna, ina da ƙara. Dafaffen ƙwai uku na ajiye a mota, abincin ranata ke nan. Na shiga duba saniya minti goma."

Sai ga wani kai mai launin ƙanzo ya leƙo ta tagar baya, da ɓawon ƙwai maƙale a gemu.

'Yar Gurye ba ta san lokacin da ta sauka dakalin ba. Aka buɗe ƙofa, Ƙanzo ya sauko a hankali, ƙafarsa ta gaba an aske inda aka sa allura, ya zo ya tura kansa tsakanin gwiwoyinta har ya kusa kayar da ita. Ta riƙe kunnuwansa biyu tana yi masa faɗa.

"Ɓarawo. A gaban mutane za ka kunyata ni? Ƙwan likita?"

Likita ta ce, "Jinin ya sauka, ƙodar ta tsira. Zai ci gaba da magani, bayan mako biyu a dawo da shi in sake aunawa. Wanda ya iya sata ai ya warke."

Tsofaffi suka yi tafi, 'Yar Hadong ta share ido da haɓar zane tana cewa tafarnuwa ce a hannunta.

Sannan aka shiga aiki. Likita ta zauna a ƙasa ta miƙe ƙafa, aka yi ta turo mata kwalaye tana karantawa tana kasa su uku. Kashi na farko ya fi yawa: na bitamin D, na ƙarin jini, na tafarnuwa, da wanda aka haɗa komai da komai a ƙwaya ɗaya. Ta ce waɗannan kare ko sunsunawa kada ya yi. Ta ɗaga wata kwalba mai ƙwayoyi masu taushi kamar alewa, ta ce wannan ta fi duka, don akwai wani zaƙi da ba sukari ba da ake sawa a irinta, kaɗan daga cikinsa yana iya kwantar da kare a rana ɗaya, a ajiye ta can saman kabad. Kashi na biyu waɗanda lokacinsu ya wuce, ta ce ba na mutum ba na kare. Na uku ɗan kaɗan ne, man kifi zalla da wasu na gaɓoɓi da ba a haɗa su da komai ba.

"Waɗannan ana iya ba kare, amma gwargwadon nauyinsa, kuma sai na gan shi na faɗa. Karen da yake cin abincinsa sosai ma yawanci ba ya bukatar komai."

Dagaci Ma ya jawo sikelin tafarnuwa, aka yi ta ɗora karnuka ɗaya bayan ɗaya yana shelar nauyi kamar ranar kasuwa. Nasa karen ya haura kilo talatin, likita ta ɗebi jininsa ta ce abin da yake bukata shi ne a rage masa kwano. Tun da ba mai iya karanta ƙananan rubutu, sai ta ɗauki jan alƙalami mai kauri. Kwalin da aka hana ta zana masa babban giciye, wanda aka yarda ta zana kan kare ta rubuta adadi da manyan lambobi. 'Yar Hadong ta ce zanen ya fi kama da alade, likita ta ce ai dabbobi ta karanta ba zane ba.

Da aka zo kan na 'Yar Gurye, kwalaye uku duk suka sha giciye. Man kifin Hye-suk, wanda aka ture gefe don ƙarni, shi ya sami kan kare.

"Ba yanzu ba, Inna. Sai na sake auna jininsa. Daga nan ƙwaya ɗaya a rana, a cikin abinci. Ba zai mai da shi ɗan kwikwiyo ba, amma gaɓoɓin za su ɗan saki."

"To na maza biyun fa? Sai su ce na ƙanwarsu kaɗai aka karɓa."

"Ki kira su ki gaya musu su riƙa magana da juna kafin su shiga kanti."

Ta kira su kuwa, a ranar, tana zaune a dakali Ƙanzo ya ɗora haɓa a ƙafarta. Ta faɗi komai ba ta rage ba. Dong-pil, wanda ta ɗauka zai yi fushi, sai ya fashe da dariya. Ya ce, "Umma, ki ba shi wayar in ba shi haƙuri." Hye-suk ta yi faɗa sosai, amma a kan ukun da uwar take haɗiya ne, ba a kan karen ba. Auta ya tambaya ko kwalbarsa ce Ƙanzo ya fi so.

Aka dafa taliya mai sanyi a zaure, aka tilasta wa likita cin kwano biyu a madadin ƙwanta, aka cika mata bayan mota da sabuwar tafarnuwa tana cewa ya isa, ba mai jin ta.

Ga yadda kowa ya ƙare. Ƙanzo ya warke, ya ƙara shekara uku a duniya yana shan man kifinsa ɗaya a rana, ya mutu da tsufa a kan tabarmarsa. 'Yar Gurye ta je aka duba ta, aka bar mata ƙwaya ɗaya daga kwali ɗaya, tana nan da ranta tana noma. 'Ya'yanta suka koma haɗa kyauta ɗaya su ukun, su kawo da kansu. Karen dagaci aka same shi lafiya, sai dai bai rame ba. 'Yar Hadong ta kai karyarta aka duba mata ido. Likita Yeom kuwa duk watan Mayu, mako guda bayan ranar iyaye, tana zuwa zaurenmu da jan alƙalaminta. Tatsuniyar ta tsaya nan.